Sauti na fita amma hoto ya ƙi: in ƙara wani kodek ɗin a kan na da?

Malamin Tudun Jukun:
Assalamu alaikum 'yan'uwa. Shawarar masana nake nema. Muna da kwamfutar tebur a ofishin Islamiyyarmu, tsohuwa ce, Windows 7 ke kanta, firosesarta Core 2 Duo, RAM giga 2. Wanda ya haɗa mana ita tun wajen 2011 ya sa mata K-Lite, wato tarin kodek, ƙananan manhajojin da ke warware bidiyo da sauti, har yau da shi muke kallon komai. Faya-fayan VCD na saukar karatun ɗalibanmu na shekarun baya duk tana buɗe su lafiya lau. To bana da aka yi walimar sauka, iyaye sun ɗauka da wayoyinsu sun turo mana don mu tara mu ajiye. Waɗanda aka turo ta WhatsApp suna yi. Waɗanda aka tura ta Xender kai tsaye daga waya kuwa, karatun yara kawai ke fita, allo baƙi ƙirin. Wani bawan Allah ya ce kodek ne bai ishe ta ba, har ya ba ni guda uku a filashi: Nimo, ACE Mega da CCCP. Wanne zan sa? Ko in sa su duka?

Ɗan Samaru:
Wa alaikumus salam Malam. Kada ka sa ko ɗaya. Sa manhajar kallon bidiyo ta VLC ka huta.

Mai Gyara PZ:
Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Malam, don Allah ajiye filashin nan tukuna. A cikin ukun nan babu wanda na yarda in ce ka ɗora a kan abin da ke ciki, kuma in ka tara su wuri ɗaya, wanda ke yi maka aiki yanzu ma yana iya tsayawa. Nimo da ACE Mega kayan zamanin Windows XP ne, an daina sabunta su da daɗewa. CCCP ya fi su tsafta nesa ba kusa ba, amma shi ma fitowarsa ta ƙarshe a 2015 ce.

Maganar WhatsApp da Xender da ka yi ita ta nuna inda gizo ke saƙa. Idan aka tura bidiyo ta WhatsApp yadda aka saba, yana matse shi ya mayar da shi H.264, wani tsarin matse hoton bidiyo wanda kwamfutarka ta sani. Xender kuwa yadda waya ta ɗauka haka yake miƙo maka, ba ya taɓa komai. Wayoyin yanzu da yawa da H.265 suke ɗauka, wanda ake ce wa HEVC, kuma a 2013 aka kammala tsara shi. K-Lite ɗinka na 2011 ne, lokacin ba a ma haifi H.265 ba. Sautin kuwa AAC ne, tsohon sani ne a wajen kwamfutar, shi ya sa kake jin karatu ba ka ganin masu karatun.

Malamin Tudun Jukun:
Allah ya saka da alheri Injiniya. Amma akwai abin da ya ɗaure mini kai. Na duba sunayen fayilolin, da masu yi da marasa yi duk .mp4 ne a ƙarshensu. In iri ɗaya ne, me ya raba su?

Baban Walid:
Malam, nan ne mutane da yawa ke ruɗewa. MP4 ɗin da kake gani ambulan ne kawai. Wasiƙar da ke ciki tana iya zama da boko, tana iya zama da ajami. Wanda bai iya ajami ba zai buɗe ambulan ɗin lafiya, amma ba zai karanta ko harafi ɗaya ba. MP4 da AVI da MKV da MOV duk ambulan ne. H.264 da H.265 da Xvid da MPEG-2 su ne rubutun. Kodek kuma shi ne mai karantawa. Don haka sunan da ke ƙarshen fayil ba ya gaya maka komai game da abin da aka matse hoton da shi. In kana son sani, akwai ƙaramar manhaja MediaInfo, tana zuwa a cikin K-Lite. A VLC kuma kana cikin kallo ka danna Ctrl da J tare, zai nuna maka.

Ɗan Samaru:
Shi ya sa na ce VLC. Duk kodek ɗin suna cikinsa, ba ya roƙon Windows komai. Ni fa gaskiya ban ga abin da ya rage wa waɗannan tarin kodek ɗin a duniya ba. Zamaninsu ya wuce. Masu gyara ne kawai suka saba, duk kwamfutar da aka kawo fomatin sai an loda mata K-Lite Mega, a ƙara GOM, a ƙara KMPlayer, a ƙara wani abin da mai kwamfutar bai san sunansa ba. Ɗalibi ya zo hostel da laftof mai manhajar kallo biyar, a ƙarshe ya rasa wacce ke buɗe me.

Mai Gyara PZ:
Ɗan Samaru, rabin maganarka gaskiya ce. Lodin da wasunmu ke yi ba shi da amfani, ni ma ina faɗa da yarana a kai. Amma cewa K-Lite ya tashi aiki, wannan ban yarda ba.

Na farko, kana haɗa K-Lite na yau da irin su Nimo, alhali ba su da haɗi. Tsofaffin tarin nan, abin da suke yi shi ne su kwaso kodek na kamfanoni daban-daban, kowanne da nasa, su zuba a Windows. A tsarin DirectShow, wanda Windows ke kunna bidiyo da shi, kowane kodek yana da lambar fifiko. In bidiyo ya zo, Windows sai ya duba wanda lambarsa ta fi girma ya miƙa masa. To ka tara guda huɗu da kowanne ke cewa shi ya iya AVI, wanda ya fi lamba ba lallai shi ya fi iyawa ba. Daga nan kake ganin hoto a kife, ko fuskar mutum ta koma kore, ko baki ya riga murya, ko ka buɗe folda mai bidiyo kawai Explorer ya faɗi saboda yana ƙoƙarin zana ƙaramin hoton fayil ɗin. Duk wanda ya yi gyara a zamanin XP ya ga wannan.

K-Lite na yanzu ba haka yake ba. Kusan komai wasu kodek da ake kira LAV Filters ke yi, su kuma a kan FFmpeg aka gina su, wato tushen da VLC ɗin naka ma yake sha daga gare shi. Ga manhajar kallo ta MPC-HC a ciki, marar nauyi, a tsohuwar na'ura ina ganin bambancinsa da idona.

Na biyu, kodek ɗin VLC nasa ne shi kaɗai. Ba ya ara wa kowa. In wata manhaja ta nemi Windows ya buɗe mata bidiyo, VLC yana zaune a kwamfutar amma ba abin da zai yi mata.

Mai Ɗaukar Biki:
Wannan na biyun shi ne maganata. Assalamu alaikum jama'a. Ni sana'ata ɗaukar biki da suna da hawan sallah, kuma har yanzu akwai tsohuwar kwamfuta a shagona da nake aiki da Ulead VideoStudio a kanta, saboda kayan adon da na tara a ciki tun da can. Irin waɗannan tsofaffin manhajojin haɗa bidiyo, su da Movie Maker, kodek ɗin da ke cikin Windows suke nema. In ka cire, sai ka jawo fayil ya ƙi shiga. VLC zai nuna maka bidiyon, amma ba zai shigar maka da shi teburin yanka ba. Don haka mai kallo kawai, VLC ya ishe shi. Mai aiki da tsofaffin kaya kuwa, da sauran magana.

Kuma a lura, manhaja mai 32-bit kodek mai 32-bit take gani, ko da Windows ɗin 64-bit ne. Wasu za su rantse maka sun sa kodek amma bai yi ba, ashe ɓangaren da ba nasu ba suka sa.

Ɗan Samaru:
Na ji. Amma Malam ba yankan bidiyo zai yi ba, kallo zai yi da ajiya. Mutum nawa ne a garin nan ke amfani da Ulead yau?

Mai Ɗaukar Biki:
Ka zaga shagunan ɗaukar hoto na Tudun Wada da Sabon Gari ka leƙa bayan labule, za ka ba kanka amsa.

Baban Walid:
Ku yi haƙuri in ɗan koma baya, domin yaran yanzu ba su san dalilin da aka fara haɗa waɗannan tarin ba, shi ya sa suke ganin kamar hauka ne. Ni na riƙe shagon intanet da buga takardu a farkon shekarun 2000, kuma na ga wahalar da idona.

Windows XP yadda yake fitowa, abin da ya iya kaɗan ne. Zai buɗe MPEG-1, wato VCD, zai buɗe WMV nasu na Microsoft. DVD ma ba ya kunnawa sai ka sa masa mai karanta MPEG-2, shi ya sa kowa ke neman PowerDVD ko WinDVD. Sai ga AVI sun cika gari. Asalin DivX, wani Bafaranshe ne, Jérôme Rota, ya kwance kodek ɗin MPEG-4 na Microsoft a ƙarshen shekarun 1990 ya sa shi aiki a cikin AVI. Da shi ake matse fim ɗin DVD guda ya shiga faifan CD mai mega 700. Bayan DivX ya zama kamfani ya rufe sirrin aikinsa, sai masu son a bar abu a buɗe suka kafa Xvid a 2001. To fim ɗaya DivX ne, wani Xvid, wani hotonsa ya yi amma sautinsa AC3 ne sai ka nemo AC3Filter. Ga fayilolin RM da RMVB, sai RealPlayer. Ga MOV, sai QuickTime. Da wayoyin Nokia masu kyamara suka shigo, ga 3GP mai sautin AMR, yaro zai kawo maka ya ce kwamfutarka ba ta da murya. Daga baya ga FLV na YouTube, ga MKV mai neman nasa mai buɗewa.

Kowanne sai ka nemo shi daban, a intanet ɗin da shafi ɗaya ke cin mintuna kafin ya buɗe. Akwai wata ƙaramar manhaja GSpot, da ita muke duba haruffa huɗun da ke cikin AVI mu gane kodek ɗin da yake nema. Saboda haka da K-Lite ya fito a 2003, mutum ya sauke abu ɗaya ya ƙona a CD ya riƙa yawo da shi, rahama ce babba. Al'adar loda kodek bayan fomatin daga nan ta samo asali, kuma a lokacin tana da hujja.

Abin da ya canja shi ne Windows 7, da ya fito a 2009, ya zo da H.264 da AAC da MP4 da MOV a cikinsa, har AVI na DivX da Xvid yana buɗewa. Windows 10 ya ƙara da MKV da FLAC. Buƙatar ta ragu ƙwarai, amma hannun masu gyara bai daina abin da ya saba ba.

Anti Kongo:
Baba Allah ya ƙara lafiya, ka tuna mana da zamani. Ni abin da ya fi damuna a zancen kodek shi ne yadda kalmar ta zama tarko. A ofishinmu an taɓa samun wanda ya shiga wani shafi don kallon bidiyo, aka rubuta masa wai sai ya sauke kodek na musamman kafin ya gani. Ya sauke, daga ranar talla ta riƙa fitowa ko ba ya kan intanet, a ƙarshe sai da aka yi fomatin, takardun mutane suka tafi. Malam, kwamfutar makaranta ce, da sakamakon jarrabawar yara a ciki. Kada ka yarda da abin da ba ka san inda aka samo shi ba, har da wannan filashin.

Mai Gyara PZ:
Hajiya ta faɗi gaskiya, kuma dabarar tsohuwa ce. Tun 2005 akwai bairos ɗin da ake kira Zlob, da sunan kodek yake shiga. Ƙa'idar mai sauƙi ce: duk bidiyon da ya ce sai ka sauke wani abu nasa na kansa, ko fim ɗin da ƙarshen sunansa .exe ne, ba bidiyo ba ne. VLC a videolan.org ake ɗaukarsa, K-Lite a codecguide.com. Duk wani shafi mai manyan maɓallan kore guda biyar da kowanne ke cewa nan ne, ka fita.

Kuma Malam, Microsoft ta daina tura wa Windows 7 gyaran tsaro tun 14 ga Janairun 2020. In da hali kada kwamfutar ta riƙa hawa intanet. A sauke a wata mai riga-kafi, a kawo mata a filashi mai tsafta. Ina nanata mai tsafta, saboda bairos ɗin nan mai mayar da folda shotkot ta filashi yake zagaya garin nan.

Malamin Tudun Jukun:
Na gode ƙwarai. Ɗana ya sauko mini da VLC daga inda kuka ce, mun sa. Alhamdulillah hoto ya fito, na ga yaran. Na danna Ctrl da J kamar yadda Baba ya ce, kuma HEVC ya rubuta. Sai dai hoton yana cijewa. Murya na tafiya, hoto ya tsaya, sai ya yi tsalle ya kamo. Wasu ma allon ya kan dagule ya yi toka-toka. Fankar kwamfutar kuma tana ta gurnani. Wannan kuma wane kodek ne ya rage?

Ɗan Samaru:
Malam ka shiga saitin VLC ka kunna taimakon katin hoto.

Mai Gyara PZ:
Babu katin da zai taimaka a wannan na'urar, ɗan'uwa. Malam, yanzu mun zo inda babu kodek ɗin da zai cece ka, kuma ina so kowa a zauren nan ya ji wannan, domin a nan ake cin kuɗin mutane a banza.

H.265 yana ba ka hoto mai kyau a fayil ƙarami, amma warware shi aiki ne mai nauyi. Wayar da ta ɗauka tana da ɓangare na musamman a cikin guntunta da aka yi don wannan aikin kaɗai, shi ya sa take kunnawa ba ta ko ɗumi. A ɓangaren Intel, sai daga zuriya ta shida ta Core, wadda ta fito a 2015, aka samu cikakken wannan ɓangaren na H.265, zuriya ta bakwai kuma ta ƙara da mai 10-bit. Core 2 Duo ya girme su da shekaru masu yawa. Don haka firosesar ce ke yin lissafin duka da ƙarfinta, kuma ba ta iya gama hoto ɗaya kafin na gaba ya iso. Cijewar da kake gani ke nan. In bidiyon 1080p ne tana fama, in 4K ne kada ma ka wahalar da ita.

Ko ka sa VLC, ko sabon K-Lite, ko duk kodek ɗin duniya, firosesar ita ce dai. Ƙarin RAM ma ba zai gyara wannan ba, kada wani ya sayar maka.

Abin yi shi ne a sauya fayilolin. A kai su wata kwamfuta mai ƙarfi, a sa HandBrake ko Format Factory, a mayar da su H.264 a 720p. Wannan Core 2 Duo tana ɗauka ba gardama.

Ɗan Samaru:
To ai ka ga maganata ta tabbata. VLC ya fito da hoton, K-Lite ɗinsa bai fito da shi ba.

Mai Gyara PZ:
K-Lite na 2011 ka gwada da VLC na bana. Ka sa VLC na 2011 ka gani ko zai san H.265.

Baban Walid:
Ku biyun duk kuna da gaskiya a inda kuka tsaya. Ni dai abin da zan yaba wa mutanen VideoLAN masu yin VLC, aikin da ya faro a hannun ɗaliban wata makarantar injiniya a Faransa, shi ne ba su yar da masu tsofaffin na'urori ba. VLC 3, da ya fito a 2018, har a Windows XP yana hawa. K-Lite kuwa 13.8.5 ne na ƙarshe da ke hawa XP. A ƙasar da yawancin kwamfutocinmu 'yan gwanjo ne, wannan ba ƙaramin abu ba ne.

Mai Ɗaukar Biki:
Malam, wata shawara don gaba. IPhone tun iOS 11, a 2017, da HEVC take ɗauka in ba a canja ba. A saitin kyamara, wajen Formats, akwai zaɓi biyu, High Efficiency da Most Compatible. Na biyun shi ke ba da H.264. Wayoyin Android da yawa su ma suna da makamancin wannan maɓallin a saitin kyamara. Kafin walima ta gaba, ka zaɓi mutum biyu ko uku da za su ɗauka wa makaranta, a gyara musu saitin tun kafin a fara. Sannan a kashe HDR, domin shi ne ke sa in an kawo bidiyon tsohon allo ka ga fararen kayan yara sun haske, launin ya koɗe.

Amma don Allah in an sauya fayilolin kada a goge na asali. Wanda aka sauya na kallon yau ne. Na asalin ya fi shi kyau, kuma wata rana makarantar za ta samu na'urar da za ta kunna shi.

Anti Kongo:
To ba gara kawai iyayen su sake turowa ta WhatsApp ba, tunda shi yana sauyawa da kansa?

Mai Ɗaukar Biki:
Zai yi aiki Hajiya, amma yana matsewa da yawa. A waya ba za ki lura ba. Ki haska shi a babban allo ranar taron iyaye, fuskokin yaran da ke sahun baya duk sun narke. Kuma in aka tura shi a matsayin takarda, wato Document, ba ya sauya komai, HEVC ɗin ne zai iso yadda yake.

Maman Ilham:
Assalamu alaikum. Ku yi haƙuri in shigo da tawa tunda ana maganar. Ina da faya-fayan VCD na bikina da na hawan sallah na zamanin marigayi Sarki Shehu Idris, mahaifinmu yana cikin mahaya a ɗaya daga ciki, shi ma Allah ya yi masa rasuwa. Laftof ɗina Windows 10 ce, ba ta da wurin sa faifai, na ari na waje mai USB. Faifan ya buɗe, amma foldoji kawai nake gani, babu abin da ya kunna kansa. Ni ma an ce kodek ne. Wanne zan sa?

Baban Walid:
Allah ya jiƙansu da rahama. 'Yata, ba ki buƙatar kodek ko ɗaya. Ki shiga foldar da aka rubuta MPEGAV, za ki ga fayiloli masu suna kamar AVSEQ01.DAT. Su ne bidiyon. Windows bai san me zai buɗe .DAT da shi ba ne kawai, amma abin da ke ciki MPEG-1 ne, wanda ya fi kowanne tsufa da sauƙi. Ki jawo shi ki saka a VLC zai yi. In faifan DVD ne, foldar VIDEO_TS ce, fayilolin kuma .VOB. Shi DVD tun daga Windows 8 Microsoft ta cire kunna shi daga cikin Windows, amma VLC yana kunnawa.

Sai dai maganar da ta fi wannan muhimmanci: ki kwafe su yau, kada ki jira gobe. Waɗannan faya-fayan da masu ɗaukar biki ke ƙonawa ba irin na kamfani ba ne da ake bugawa da inji. Wani rini ne a ciki da hasken na'ura ke ƙonawa, kuma zafi da rana da raɓar damina suna cin sa a hankali. Na ga faifan da ba ƙarzane ko ɗaya a jikinsa amma ya daina karantuwa. Kodek ko bayan shekara ashirin za a same shi, MPEG-1 ba ya ɓata. Faifan ne ba shi da na biyu.

Maman Ilham:
Na gode Baba. Na bikin ya kwafu. Na hawan sallar kuma, wanda na fi so, ya kai wajen rabi ya tsaya, ya rubuto wani abu mai cyclic redundancy check. Shi ke nan ya lalace?

Ɗan Samaru:
Anti ki goge shi da man goge baki, ana cewa yana yi.

Mai Gyara PZ:
A'a, kada a fara da wannan. Man goge baki kankare fuskar faifan yake yi, in aka yi ba daidai ba an ƙara masa ciwo. Hajiya, ki wanke shi da ruwa mai tsafta da ɗan sabulun ruwa, ki share da ƙyalle mai laushi daga tsakiya zuwa baki, ba zagaye ba, ki bari ya bushe sarai. Ki kula da bayansa, wajen da ake rubutu da alƙalami, domin bayanan sun fi kusa da wannan ɓangaren. In nan ne ya ɓare, wurin ya tafi.

Dalilin saƙon da kika gani shi ne, a VCD an rage bayanan gyaran kuskure a ɓangaren bidiyo don a samu wurin zuba mintuna masu yawa. Na'urar VCD ta falo in ta zo wurin da ya lalace sai hoto ya ɗan dagule ta wuce. Windows kuwa in yana kwafa ya ci karo da gurbi ɗaya da bai karantu ba, sai ya ajiye aikin gaba ɗaya. Ba wai rabin faifan ya mutu ba ne, wataƙila daƙiƙa kaɗan ne. Akwai manhajoji irin su IsoBuster da ke tsallake gurbin da ya lalace su ci gaba da kwashe sauran. Kuma ki gwada wata na'urar karanta faifai daban, domin sau da yawa wanda wannan ta kasa, wata tana karantawa, musamman irin manyan nan na kwamfutar tebur.

Mai Ɗaukar Biki:
Ƙari a kan na Injiniya: in ya kwafu, ki bar shi a yadda yake. Za a samu masu ce miki su mayar miki da shi HD. VCD irin namu na PAL 352 ne a 288, abin da aka zuba a faifan ke nan, sauyawa ba ta ƙara masa komai sai girman fayil. Minti ɗaya wajen mega 10 ne, faifai guda bai kai giga ɗaya ba. Ki ajiye DAT ɗin a wuri biyu, ɗaya a laftof, ɗaya a filashi ko wajen wani ɗan'uwa a wani gidan. In kina son na turawa 'yan'uwa a waya, sai a yi kwafi daban na MP4.

Maman Ilham:
To na'urar tebur ɗin fa, a ina zan samu? Duk gidanmu laftof ne.

Malamin Tudun Jukun:
Hajiya, tamu ta makaranta tana da ita, kuma VCD ba ta taɓa ba mu matsala a kanta ba. Ki aiko yaro da faifan da filashi ranar Asabar bayan la'asar, lokacin ofis yana buɗe. Injiniya, IsoBuster ɗin yana hawa Windows 7?

Mai Gyara PZ:
Yana hawa. Amma ka fara gwada kwafa kai tsaye tukuna, wataƙila na'urarku ta karanta shi ba tare da komai ba. Filashin Hajiya kuma a duba shi da riga-kafi a laftof ɗinta kafin ya shiga kwamfutar makaranta.